Ranar da Aka Yi wa Rabin Shagon Baba Kuɗi

Ni mutum ne mai zuciya, tun ina yaro haka nake, ba kuwa na ɓoyewa. A unguwarmu Hindawiyya kowa ya san ni da wannan hali. Idan na ga kamar za a cuce ni ko a cuci nawa, sai na gama faɗa tukuna nake neman jin ba'asi. Yanzu da furfura ta fito abin ya lafa, amma a shekarar da Baba ya rasu ina ɗan shekara ashirin da bakwai, ina tuƙa wani Balarabe a unguwar Abhur, gani nake duk faɗin Jidda babu mai wayona.

Baba da amininsa, wanda muke kira Baffa, su suka buɗe shagon ɗaurin kaya a bayan layinmu tun ina makarantar allo. Alhazai da 'yan kasuwa daga Najeriya da Nijar su sayo dardumai da abayoyi da turare da dabino, su kawo shagon, a auna, a ɗinke cikin buhu, a rubuta alama, a kai wa masu jirgi. Rabi na Baba, rabi na Baffa. To amma wannan a baki ne kawai. Baƙo ba ya buɗe shago da sunansa, saboda haka a takarda shagon na wani Balarabe ne, kafilinsu, mutumin da ya tsaya musu a wurin hukuma. A takarda Baba ma'aikacinsa ne mai ɗaukar albashi. Ƙarshen kowace shekara kafilin ya karɓi nasa kason, ya sabunta wa Baba iƙama, takardar izinin zama. Iƙamar Umma da ta ƙanwata kuwa a jikin ta Baba suke rataye. Ni tawa tana hannun maigidana na Abhur.

Ranar sadakar uku kafilin ya zo gaisuwa. Dattijo ne, ba mugu ba, amma ba ya kwana-kwana a magana. Da zai shiga mota ya riƙe hannuna ya ce, muddin gidanmu na da hannu a shagon, takardun uwata da ƙanwata suna wuyansa, zai san yadda zai yi. Ranar da hannunmu ya fita kuwa, halas, wato shi ke nan, shi ba shi da hujjar riƙe su. Na ce na ji, na gode. Amma na san maganar ba ƙarama ba ce.

Dalili kuwa, Umma ba ta san Najeriya ba. Tana 'yar shekara bakwai iyayenta suka taho da ita ta Sudan, wani wuri a mota, wani wuri a ƙafa. Uwarta da ubanta duk a maƙabartar da ke kudu da unguwarmu suke kwance, ga shi Baba ya je ya same su. Mata ba sa shiga maƙabarta a nan, shi ya sa duk Juma'a Baba yakan bi da ita ta jikin katangar a motar shago, ya rage gudu, ta yi musu addu'a ta taga. Sunan garinsu kawai ta sani, ko hanyarsa ba ta iya kwatantawa. A ce wa irin wannan mata ta koma gida, wane gidan?

Sai kuma na gaya muku yadda muke da ita, don in ba haka ba ba za ku gane sauran labarin ba. Ni ne ɗanta na fari, kuma Umma irin mutanen da ce. Ban taɓa jin sunana a bakinta ba. Ba ta kallon idona. Idan tana da magana da ni, ko muna zaune a ɗaki ɗaya, sai ta juya wajen ƙanwata ta ce, "Ki ce wa wancan ya ci abinci." Ƙanwata, da Larabci ya fi zama a bakinta, takan yi mini tsiya ta ce ita ce tafinta tsakanin Bahaushiya da Bahaushe. Muna yara Larabawan layinmu har tambayata suke wai ko ba ita ta haife ni ba. Ni na san tana sona, don naman da ya fi tsoka kullum a kwanona yake. Amma hira, ko shawara, wannan babu.

Wata biyu da rasuwa sai ga Yaya ya sauka da bizar umra. Kafin Baba ya taho Makka yana da mata a Gusau, ta rasu ta bar masa maza biyu da mace ɗaya, ya bar su hannun kakarsu ya taho, bai sake komawa ba sai sau biyu. Yaya shi ne babbansu, ya zo da takardar wakilcin sauran. Mutum ne siriri mai sanyin magana, malamin firamare, kamarsu ɗaya da Baba har Umma ta kasa fitowa gaishe shi ranar farko. A ɗakina ya sauka, kwano ɗaya muke ci.

Malamin masallacinmu shi ke raba gado a unguwa. Ya tara mu a shagon bayan la'asar, ni da Yaya da Baffa. Ya ce gidan haya ne, Baba bai bar fili ba, bai bar bashi ba, abin da ya bari rabin shagon nan ne. Shago kuwa ba tunkiya ba ce balle a yanka a kasa, sai an yi masa kuɗi sannan a san rabon kowa. Ya dubi Baffa ya ce shi ya fi kowa sanin wurin, ya faɗi tsakaninsa da Allah.

Baffa ya tashi ya fara nuna kaya da sandarsa. Sikeli biyu. Keken ɗinkin buhu uku, ɗaya ma ya lalace. Motar ɗaukar kaya da ta ga jiya ta ga yau. Buhuna da igiya. Hayar wata bakwai da aka biya gaba. Ya ce kuma a tuna, wannan rabi ba abin da za a kai kasuwa ba ne, wa zai sayi rabin shagon da ba sunansa a bakin ƙofa, wanda in kafili ya tashi da safe ya ce nasa ne ba kotun da za ta saurare ka? Ya ce a ganinsa, rabin mamaci riyal dubu sittin.

Kai! Sai na ji kamar an watsa mini barkono a ido. Ni da na yi hutun makaranta goma ina jan buhu a wurin nan? Na san abin da ke shigowa daga tsakiyar azumi zuwa bayan aikin hajji, lokacin da ko wurin sa ƙafa babu, matan Kano na layi har bakin titi. Yanzu da aka gama hajji shago ya zama wayam, shi ne za a ƙirga sikeli da igiya a ce dukiyar ubana ke nan?

Na miƙe na ce, "Haba Baffa! Dubu sittin? Ko motar ce kaɗai ake sayarwa?"

Ya kama gwiwata ya matse, ya ce a hankali, "Ɗana, zauna."

Na fizge. Na ce ban yarda ba, a rubuta ban yarda ba. Malam ya dube ni ya dubi Baffa, ya ce tunda magaji ɗaya bai gamsu ba, a ɗaga zuwa Alhamis ta sama, kowa ya zo da hujjarsa. Yaya kuwa carbinsa kawai yake ja.

Ga yadda na lissafa abin a kaina, kuma wallahi a lokacin gani nake ko alƙali sai haka. Baffa so yake ya karya kuɗin ya saye rabinmu da araha, ya haɗe shagon shi kaɗai. Ya saye, hannunmu ya fita, Umma ta rasa takarda. To maganinsa a ɗaga kuɗin ya kai inda ba zai iya saye ba, dole ya haƙura ya bar mana rabinmu. Na ji daɗin wannan dabara har na riƙa murmushi ni kaɗai a hanyar Abhur.

Hujja kuwa na san inda take. Baba mutum ne mai rubutu. Duk buhun da ya hau sikeli sai ya shiga littafi, da ajami, shekara da shekaru, littattafan suna cikin adaka a ɗakin Umma. Da safe kafin in fita aiki na tsaya a bakin labule na yi sallama. Tana zaune a kan darduma cikin kayan takaba. Na ce wa ƙanwata ta miƙo mini littattafan Baba na shekara biyar.

Umma ta ce wa ƙanwata, "Ki ce wa wancan a bar littattafan nan inda mai su ya bar su."

Na ce, "Ki ce mata cutarmu za a yi."

"Ki ce masa akwai manya a maganar."

Na ce manyan ne ai za su cuce mu. Ƙanwata ta zaro ido, ba ta maimaita wannan ba, ba ma sai ta maimaita ba. Umma ta buɗe baki kamar za ta ƙara wani abu, sai ta ja mayafi ta rufe fuska. Ni kuwa na ce a raina, baiwar Allah, ta yarda da kowa, ba ta san duniya ba. Da azahar na dawo da sunan na manta wani abu, na same ta ta tayar da salla. Na wuce ta bayanta na buɗe adakar na kwashi littattafai biyar. Tana ji, ba ta iya katse salla ba. Wannan abu har gobe in na tuna sai na ji kunya ta rufe ni.

Akwai wani akanta ɗan Zariya da ke aikin kwantiragi a wani kamfani, muna haɗuwa da shi a masallacin Juma'a. Na bi shi gida bayan an sauko. Bai iya ajami ba, sai ni ina karantawa shi yana danna kalkuleta, matarsa na aiko mana da shayi. Mun kai la'asar muna abu ɗaya. Ya ce mini kimar shago ba sikeli ba ce, abin da shagon ke haifarwa ne duk shekara, da mutanen da suka saba da ƙofarsa ba sa zuwa wata. Ya ce maganar Baffa ta rashin suna a takarda gaskiya ce, dole a rage wani abu saboda ita, ya kuma rage. Duk da haka abin da ya fito ya ninka na Baffa sau uku da ɗori.

Ya cire tabarau ya dube ni. Ya ce, "Ɗan'uwa, kafin in je in faɗi wannan a gaban mutane, bari in tambaye ka. Kai mai saye ne ko mai sayarwa?"

Na ce ni ba ko ɗaya, gaskiya kawai nake so.

Ya ce, "A irin wannan zama kowa ɗaya ne daga cikin biyun. Su waye sauran magadan?"

Na ce wannan maganar gida ce, shi dai ya zo ya faɗi abin da littafi ya ce. Ya ɗaga kafaɗa ya ce to, Allah ya kai mu. Mutumin nan ya miƙo mini igiya ina cikin rijiya, na ture hannunsa.

Ranar Talata da tsakar rana, zafin nan na Jidda da ke sa riga ta manne a baya, mai gadi ya ce ana sallama da ni a bakin ƙofa. Ina fita na ga Baffa, tsoho mai ciwon gwiwa, ya hawo mota biyu tun daga Hindawiyya. Ko ruwa ban ba shi ba.

Ya ce, "An ce ka ɗauki littattafai."

Na ce na ubana ne.

Ya ce, "Ɗana, ka bar maganar nan a hannuna, kamar yadda ubanka zai bari. Akwai maganar da in aka faɗe ta da baki ta lalace. Kai da yayanka kwano ɗaya kuke ci, kai kuma ba ka iya riƙe abu a ciki ba."

Na ce, "Da yana raye ai ba za ka yi haka ba."

Na ga maganar ta soke shi, ya haɗiye. Ya ce, "To tsaya ka yi tunani. In kuɗin ya yi yawa, wa zai biya..."

Na katse shi, "Kai za ka biya, in ba ka iyawa ka haƙura!"

Daidai nan maigidana ya fito yana ƙwala mini kira, yalla, yalla, in yi maza, za a ɗauko yara daga makaranta. Na juya na bar Baffa tsaye a rana da sandarsa. Da na fito da mota na gan shi ta madubi yana tafiya a hankali zuwa bakin titi, ban tsaya ba.

Alhamis ta zo. Bayan la'asar muka zauna a kan buhuna, an sauke ƙofar shago rabi. Fankar sama na juyawa amma gumi kowa yake. Na ajiye littattafan a kan babban sikeli, akanta ya buɗe takardunsa ya yi bayani dalla-dalla, shekara bayan shekara, abin da ya shigo, abin da aka kashe, kason kafili, abin da ya saura. Yaya ya daina jan carbi. Baffa kansa a ƙasa, yana zane da bakin sanda a kan siminti. A ƙarshe akanta ya ce rabin mamaci ba zai gaza riyal dubu ɗari biyu ba.

Malam ya ɗauki littafi ɗaya ya miƙa wa Baffa. Ya ce, "Alhaji, rubutun nan na wane ne?"

Baffa ya duba ya daɗe. Ya ce, "Nasa ne."

"Abin da ke ciki haka yake?"

"Haka yake. Ba zan ƙaryata mamaci ba."

Ni kuwa a lokacin ji nake kamar na ci yaƙi. Har harararsa na yi.

Malam ya jawo takarda ya fara kasafi. Ya fitar wa Umma tumuninta. Sauran ya kasa takwas, namiji biyu mace ɗaya: biyar na mutanen Gusau, uku nawa da ƙanwata. Ya rubuta, ya sake dubawa, sannan ya ɗago ya dube ni, ba Baffa ba, ni.

Ya ce, "To, Alhaji ya gaya mini tun farko cewa shi ba saye zai yi ba, gidanku ne ke son riƙe rabin. In haka ne sai ku fitar wa yayanku da 'yan'uwansa haƙƙinsu. Dubu ɗari da tara da 'yan kai. Yaushe za ku iya biya?"

Innalillahi. Ban san sanda na dafa sikeli ba. Mu ne masu saye! Duk kwanakin nan ina ta fafutukar tsawwala kuɗin abin da mu za mu saya. Albashina na shekara ko kusa da wannan bai kai ba. Na dubi Baffa, bai ɗago ba. Na dubi akanta, yana haɗa takardunsa, ya ƙi yarda mu haɗa ido.

Na juya wajen Yaya. Na ce ya bar rabonsu a ciki mana, a riƙa aika musu riba duk shekara, ni na ɗauki alkawari. Na gaya masa maganar takardar Umma, duk da ya riga ya sani.

Ya ce, "Ƙanena, ba na so a ce ni na tayar da uwarka. Amma da kunnena na ji an ce shagon nan ba sunan kowa a cikinmu, mai takarda na iya tashi gobe ya ce nasa ne. Ni ina Gusau, wa zan kama? Kuma ba ni kaɗai ba ne, amanar mutum biyu na ɗauko. Shekara talatin ba mu ci komai na ubanmu ba sai dabino da zamzam. Ƙanwarmu mijinta ya rasu, 'ya'ya shida, ɗakinta yana zuba. In koma in ce musu me?"

Ba ƙarya ya faɗa ba. Malam ya tambayi Baffa ko zai iya ranta mana ko ya saya. Baffa ya ce ko rabin haka ba shi da shi a hannu, kuɗin shago a shago suke juyawa. Malam ya ba mu mako biyu, iyakar abin da ya rage a bizar Yaya.

Da kowa ya watse na tsaya. Baffa ya tashi da ƙyar ya jawo aljihun teburin da ke bayan sikeli, ya ɗauko wata ambulan ɗaure da zare, ya ajiye a gabana. Ya ce dubu talatin da uku ne, daidai rabon mutanen Gusau in da an tsaya a dubu sittin. Ya ce kwana huɗu da rasuwa Umma ta aiko masa da awarwaronta da sarƙar da ta gada wurin uwarta, ya sayar, ya cika sauran daga aljihunsa.

Na ce, "Ta sani?"

Ya ce, "Ba mu taɓa yin maganar da baki ba. Ta aiko da zinariya, na gane. Na faɗi kuɗi, ta gane. Niyyata in riƙa aika wa na Gusau wani abu duk shekara da sunan alheri har haƙƙinsu ya cika, Allah shi ne shaida. Ko daidai ne ko ba daidai ba, ni ma barcin kirki ban yi ba tun ranar." Ya share fuska da hularsa ya ce, "Garin neman gira ka rasa ido, ɗana. Amma ni dai ka riga ka sauke mini nauyi. Je ka kai wa uwarka kuɗinta."

Na durƙusa na kama ƙafarsa ina kuka kamar yaron goye. Ya ce in tashi, mutane na wucewa.

Mako biyun nan babu ƙofar da ban buga ba. Maigidana na Abhur ya ba ni albashin wata biyu gaba ya ce iyakarsa ke nan. 'Yan unguwa suka yi karo-karo, abin bai kai ko'ina ba. A ƙarshe kafilin ne ya ce zai sayi rabin, yana da ɗan ɗan'uwa da ke zaman banza. Ya biya lakadan, bai rage ko riyal ba, aka raba, kowa ya sa hannu. Yaya ya rungume ni a filin jirgi ya ce ƙofarsa a buɗe take ga Umma, ɗakin kakarsu yana nan. Ya kuwa cika alkawari, ban taɓa jin ya ɓata mata ba.

Iƙamar su Umma ta kai wata biyar kafin ta ƙare. Na yi ta yawon ofis-ofis ko za a mayar da su kan tawa, aka ce direban gida ba ya ɗaukar iyali. Wasu suka ce ta zauna haka nan ba takarda, ai da yawa na zaune haka a unguwar Mahjar. Umma ta ce wa ƙanwata, ita ba za ta tsufa tana ɓuya a bayan ƙofa duk sanda ta ji motar 'yan sanda ba.

Duk tsawon watannin nan ba ta taɓa tayar da maganar ba. Sau ɗaya na durƙusa a bakin labule na ce ta yafe mini. Ta ce wa ƙanwata, "Ki ce masa ya tashi. Ki ce masa na so in gaya masa, bakina ne ya ƙi. Da wace fuska uwa za ta dubi ɗanta na fari, maganar farko da za ta yi masa ta zama ya rufe gaskiya?" Shi ke nan abin da ta ce. Da dare ya yi kuwa tsokar nan na same ta a kwanona kamar kullum.

Mutane sun sha ce mini ai alheri na yi, na kuɓutar da haƙƙin marayu, na hana Baffa da Umma ɗaukar nauyi. Wataƙila haka ne. Amma ni na san ba don gaskiya na yi ba. Don zuciya na yi, don in kunyata tsohon da ya hawo mota biyu cikin rana ya zo cetona.

Ranar tafiyarsu Gusau da hantsi na aro motar shago, wadda Baba ke tuƙawa, Baffa ya ba ni makulli. Kayansu a buhuna huɗu, shi da kansa ya auna ya ɗinke. Umma na gefen taga, ƙanwata a tsakiya. Filin jirgi arewa yake, amma muna fita daga layi Umma ta ce, "Ki ce masa ya bi ta maƙabarta."

Na juya kudu. Da muka iso katangar na rage gudu yadda Baba ke yi. Ta ɗaga hannu tana motsa baki, muna tafiya a hankali, motocin baya na ta danna mana oda. Katangar ta kusa ƙarewa sai na ji ta ce, "Tsaya."

Na dubi ƙanwata ina jiran ta maimaita. Ƙanwata ta girgiza kai. Na taka birki. Umma ta juyo, ta leƙo ta gaban ƙanwata, ta dube ni cikin ido, abin da ban taɓa gani ba tun da aka haife ni.

Ta ce, "Ka riƙa biyowa ta nan ranar Juma'a. Ka shiga ciki, kai namiji ne. Ka ce musu ba da son raina ba."

Na ce to, Umma. Ta mayar da fuskarta taga, ta ce wa ƙanwata, "Ki ce masa mu tafi, kada jirgi ya tashi."

Shekara tara ta yi a Gusau, a can aka binne ta. Ni ina nan Jidda. Duk Juma'a in aka sauko ina shiga in gaya musu.